Liti Wanzami da Madubin Kwara

A shekarun da gyaɗa ta fara tashe, Turawa na mulki, an yi wani wanzami a Karaye ana ce masa Liti. Hannunsa a aski ba laifi, in ban da yakan ɗan taɓa kunne idan hira ta yi daɗi. Bakinsa ne dai babu na biyunsa. Sau ɗaya ya taɓa raka wani falke Kano, ya kwana a Fagge ya dawo. Amma in ka zauna ya jiƙa maka kai, kafin aska ta kai ƙeya za ka ji ya je Ikko, ya hau jirgin ruwa, ya yi wa wani Bature ƙaho a wuya har Baturen ya kira shi baba.

Ana nan sai Sarkin Aska na garin ya tsufa, hannu ya fara rawa, aka shiga maganar magaji. Mutum biyu ake ambata. Akwai Liti, akwai kuma wani Sulle, wanda zai aske ka tas bai ce maka komai ba sai "juyo" da "an gama". Kowa ya san wanda Ɗanmaliki ya nuna shi za a naɗa, don shi ne babban falken garin, maganarsa tana da nauyi a fada. Ɗanmaliki kuwa wurin Sulle yake aski.

Wannan abu ya tsaya wa Liti a rai, har ranar da labari ya zo daga Rogo. Wai wani Kwara, Balaraben Sham mai sayen gyaɗa, ya kwashe kayansa ya tafi da kaka ta wuce, ya bar wani madubi mai tsayin mutum a ɗakinsa. Mutane a lokacin ba su san madubi ba sai ɗan na tafin hannu, wanda kake ganin hanci yau, ka ga kunne gobe. Shi ma ɗan wannan ba a kallonsa bayan magariba, ba a nuna wa jariri, mai ciki ba ta leƙa shi. To ina ga wanda zai haɗiye mutum daga hula har takalmi? Aka ce duk wanda ya tsaya gabansa ya bar kurwarsa a ciki.

Liti ya shigo gida yana washe baki. "Rekiya, ɗaura mini guzuri. Rogo za ni. Zan ɗauko madubin nan in kafa shi a kasuwa irin na wanzaman Ikko. Mutum na zaune yana kallon kansa ana masa aski. Ranar da Ɗanmaliki ya gani, Sulle sai dai ya koma askin tumaki."

Rekiya, matarsa, ta ajiye muciya. "Maigida, kai da ko na cikin zabirarka in rana ta faɗi sai ka kife shi?"

"Wannan ladabi ne, ba tsoro ba."

"Ranar da kaza ta hau kan rufi da asuba fa, wa ya shige bayan randa?"

"Ruwa na je sha. Ke dai kawo guzurin."

Ya ari jakin maƙwabci, ya kama hanya, ya kwana a Rogo. Da gari ya waye ya nufi kantin Kwara, ya tarar da maigadin, wani Basiru, zaune can nesa da ƙofa a gindin ɗorawa. Suka gaisa, aka tambayi gida da gajiya da mutanen Karaye. Da Liti ya faɗi abin da ya kawo shi, Basiru ya kama hannunsa da hannu biyu.

"Allah ya yi maka albarka! Ɗauke shi, kyauta. Tun ranar da na shiga shara na ga wani ƙato da tsintsiya yana harara ta, ban sake taka ɗakin ba."

"Ai kai ne, bawan Allah," in ji Liti yana dariya. "Rashin fita duniya ne."

Kafin nan mutane sun fara taruwa. Liti ya gyara hula, ya tura ƙofa ya shiga. Ɗakin da duhu-duhu, sai ɗan haske ta taga. Ya yi taku biyu, sai ga wani mutum daga kusurwa ya yi taku biyu shi ma, ido a zare, baki a buɗe. Liti ya ce, "Salamu alaikum!" da wata siririyar murya, ya ja da baya, ƙafarsa ta harɗe da buhu, ya fito waje da baya yana birgima.

"Lafiya?" in ji Basiru. "Ba ka ce ni ne ba?"

Liti ya tashi yana kaɗe riga. Ya dubi idanun da ke kansa, bakinsa ya kama aiki tun kafin hankalinsa ya dawo. "Kai ne, amma ba kai kaɗai ba. Akwai mai wurin. Yanzu muka gwada ƙarfi, ya san da wa yake."

"Yaya kamanninsa?" wata tsohuwa ta tambaya daga baya.

"Dogo ne, siriri. Fuskarsa fari fat kamar an tono shi daga kabari. Ido ɗaya gare shi, ga sanda. Ni kaɗai ke da laƙaninsa, a Ikko aka ba ni."

Aka ɗauki salati. Liti ya karɓi tabarma, ya shiga ɗakin da baya, yana lalube har ya lulluɓe madubin bai kalle shi ba. Aka taya shi ɗaure shi a gefen jaki, aka sa dutse a ɗaya gefen don kada ya rinjaya. Basiru ya raka shi bakin gari yana ta sa masa albarka, amma bai matso kusa da jakin ba.

Farkon damina ne. Sun wuce wajen Jajaye ke nan sai gabas ta yi baƙi, iska ta taso. Liti ya ja jaki zuwa wani zaure a bakin hanya, inda wasu dattawa ke zaune.

"Sannunku da hutawa. A taimaka mana da wurin fakewa."

"Bismilla," in ji babbansu. "Me ka ɗauko haka, ƙofa ce?"

Da ya ce ƙofa ce da an wuce wurin. Amma Liti ne. "Ƙofa? Baba, wannan shi ne madubin Kwara na Rogo, da mai shi a ciki."

Tsohon ya miƙe tsaye, abin da jikokinsa suka daɗe ba su gani ba. "Madubi? Da hadarin nan? Kana so ka jawo mana aradu cikin gari? Kai, ku kore shi!"

Mata suka fito da taɓare, aka rako shi da jifa har bayan gonaki. Yana tafe yana waiwaye yana cewa ƙauyanci ne ke damunsu. Sai sama ta yi wani ƙara. Liti ya dubi hadarin, ya dubi jakin, ya dubi abin da ke ɗaure a jikinsa. Nan da nan ya ɗaure igiyar a wata kuka, ya zura da gudu cikin gona, ya kwanta rub da ciki a tsakanin kunyoyi, ya rufe kai da zabira.

Hadarin bai yi komai ba. Ya ɗan yayyafa, iska ta kwashe shi ya yi yamma. Liti na nan kwance har wani manomi ya zo ya tsaya a kansa da fartanya a kafaɗa.

"Malam, ciwon ciki ne?"

"Shiru," in ji Liti, ya manna kunne a ƙasa. "Ina sauraron inda aradun ta bi ne. Ni na karkatar da ita. Da yanzu garinku ya zama toka."

"To madalla. Amma a kan gyaɗata kake kwance."

Ya koma wurin jaki ya tarar iska ta yaga tabarmar, igiya ɗaya ce kawai ta riƙe ta. Ya gyara iya gyarawa yana kawar da kai, suka ci gaba.

Sun kusa Karaye, a wata 'yar siririyar hanya kusa da rafi, suka haɗu da wani Bafulatani dogo mai suna Hamma yana kora shanunsa. Matarsa Ma'u na gefe da babbar ƙwaryar nono a ka, za ta kasuwa. A gaban garken akwai wani bijimi mai faɗin ƙaho, wanda bai taɓa yarda akwai na biyunsa a duniya ba. Daidai lokacin da jaki ya gifta gabansa, tabarma ta zame ta faɗi.

Bijimin ya tsaya cak. Ga wani bijimi nan a jikin jaki yana kallonsa ido cikin ido. Ya sunkuyar da kai, wancan ya sunkuyar. Ya tona ƙasa, wancan ya tona.

"Kaɗo, rufe abin nan!" Hamma ya daka tsawa.

"Kwantar da hankalinka," in ji Liti. "Na yi kiwon irinsa a..."

Bai ƙarasa ba bijimin ya taho. Jaki, wanda tun safe yake tafiya kamar mai zuwa biyan haraji, ya yi wani tsalle ya cilla a guje, igiyar na naɗe a hannun Liti. Bijimi ya tunkuyi iska, ya zarce wajen Ma'u. Ita kuwa ta yi cilli da ƙwarya sama ta ɗare bishiya. Ƙwaryar ta juya ta sauko a kan Hamma kamar hula, bakinta ya buge shi a ido, nono ya wanke shi daga kai har ƙirji. Liti bai ga ko ɗaya daga wannan ba. Jaki na jan sa, shi kuma yana kiran sunayen waliyyai.

Ranar kasuwa ce. Mutanen da suka taso daga Rogo bayansa sun riga shi isowa tun yana kwance a gonar gyaɗa, kuma sun zo da labarin dogon nan mai ido ɗaya. Da Liti ya shigo da la'asar, laka a gaban riga, takalmi ƙafa ɗaya, sai kasuwa ta dare masa hanya. Masu jarirai suka juya goyonsu. Wata mai ciki ta ja mayafi ta rufe fuska, ta yi karo da mai tallan tukwane.

Liti ya ga idon duniya a kansa, gajiya ta tafi. Ya jingina madubin a jikin durumin da yake aski, ya shimfiɗa buzu a gabansa, ya fito da aska yana wasa ta a tafin hannu. Mutane suka taru dama da hagu, amma babu wanda ya yarda ya tsaya saitin madubin. Tun daga gindin durumin har bakin kasuwa aka bar fili fetal, kamar an share hanya.

"Wa zai fara?" in ji Liti. "Askin Ikko! Kana zaune kana kallon kanka!"

Babu wanda ya matso. Sulle na can ƙarƙashin rumfarsa yana yi wa wani tsoho gyaran gemu, ko ɗago kai bai yi ba.

Liti ya hango Ɗanmaliki a cikin taron da babbar riga. Ya durƙusa. "Ranka ya daɗe, ai abin manya sai manya. Ƙananan mutane ne ke tsoronsa. Na gaya wa mutanen Rogo, a Karaye akwai namiji ɗaya da ko gezau ba zai yi ba."

Duk kasuwa ta juyo ta dubi Ɗanmaliki. Ya yi gyaran murya, ya duba ko akwai hanyar fita, babu. Ya tako a hankali, ya cire rawani, ya zauna a kan buzun. Tun kafin ya fuskanci madubin ya runtse ido gam, leɓɓansa na motsi.

"Liti," ya ce ƙasa-ƙasa, "ka tabbata ka ɗaure shi?"

"Tamau, ranka ya daɗe. Ko tari ba ya yi sai da izinina."

Ya jiƙa kan, ya shafa sabulu, ya fara. Aska na tafiya, baki na tafiya. Ya ba da labarin kokawarsu a ɗakin Kwara, da yadda ya kama aradu ya jefa ta rafi, da bijimin da ya durƙusa masa a hanya. Har ya saba da madubin, yana ɗan satar kallon kansa yana gyara tsayuwa. Ya gama gefen dama tas, ya ɗago don ya duba aikinsa.

Can cikin madubin, nesa, ya ga wani abu fari.

Ya ƙifta ido. Abin na nan, kuma tahowa yake. Dogo, siriri. Fuska fari fat, ta bushe ta tsattsage. Ido ɗaya a rufe ya kumbura, ɗayan ja wur. Ga sanda a hannu.

Askar ta tsaya a tsakiyar kan Ɗanmaliki.

"Yaya ka yi shiru?" in ji Ɗanmaliki, ido a rufe.

Liti ya ƙura wa madubin ido. A ransa yana cewa, ni fa ƙirƙirarka na yi, daga ina ka fito? Bai ko yi tunanin waiwayawa ba. Abin na ƙara girma a cikin madubin, yana taku ɗai-ɗai, har ya cika shi. Ya ɗaga sanda.

"Ya tsinke!" Liti ya kurma ihu. "Jama'a, ya tsinke! Wallahi ba ni da laƙanin komai, ban taɓa zuwa Ikko ba!"

Ya watsar da aska, ya tsallake mai goro, ya bi ta kan tiren mai tsire, ya ratsa rumfar masu gishiri ya fita ta baya, ya nufi marina.

Hamma kuwa, don shi ne, tun daga rafi yake bin sawun jaki da nono busasshe a fuska, ya shigo ta filin nan da aka bari. Ya iso gindin durumi yana huci, sai ya yi arba da wani farin dodo mai ido ɗaya ya ɗaga masa sanda. Bai tsaya tambaya ba. Ya ce, "Bisimilla!" ya sauke masa gora a tsakiyar goshi.

Madubi ya tarwatse. Ɗanmaliki ya buɗe ido, ya ɗaga kai ya ga abin da ke tsaye a kansa, ya rarrafa da babbar riga ya shige ƙarƙashin jaki. Kasuwa ta hautsine. Kaji suka tashi sama, mai manja ya zame a cikin manjansa, wani makaho ya riga ɗan jagorarsa isa bakin kasuwa.

"Ina Kaɗon nan mai jaki?" Hamma ke ta tambaya. "Ku tsaya mana! Ina mai jakin?"

Sai ga Ma'u ta iso da fasasshiyar ƙwarya a hannu tana masifa. Wata mai fura ta leƙo daga bayan rumfa. "Ke Ma'u, ba mijinki ba ne wannan?"

"Shi ne mana! Nonona ne a fuskarsa, na kwana uku ina tarawa!"

Aka fara dawowa ɗaya bayan ɗaya, ana dariyar da ba ta gama rabuwa da tsoro ba. Aka zaro Ɗanmaliki daga ƙarƙashin jaki, rabin kai fes, rabi da kumfa. Ana cikin haka wani dattijo ya tsaya kan fasassun madubin ya girgiza kai.

"Kuna dariya. To shi na cikin, da gidansa ya fashe, ina ya tafi?"

Dariya ta ɗauke. Kowa ya dubi na kusa da shi. Sai aka ji kururuwa daga wajen marina, marina suka fito a guje hannuwansu sama. A bayansu ga wani abu yana tahowa yana tangaɗi, baƙi-shuɗi tun daga kai har ƙafa, ruwa na zuba daga jikinsa, ba ka ganin komai sai fararen idanu. Liti ne. A gudunsa bai ga ramin rini ba, ya faɗa ciki tsundum har ya sha ruwan baba.

"Ga shi nan! Ya sake launi!"

Wannan karon ba a gudu ba, an gaji. Masu sanduna suka ɗaga, masu taɓare suka matso, Hamma na kan gaba. Wani ya fara jifa da gwaza, wani da kabewa. Rekiya ma, da ta zo sayen daddawa, ta ɗauki dutse.

Abin ya ɗaga hannuwa, ya tofar da shuɗin ruwa. Ya ga duk kasuwa ta kewaye shi tana saurare, sai ya gyara tsayuwa.

"Ku dakata! Ni ne! Bin sa na yi har ƙarƙashin ƙasa ta bakwai. Na shaƙe shi a gaban iyayensa, suna ba ni haƙuri. Jininsa ne wannan a jikina!"

Rekiya ta saki dutsen. "Ku sauke sandunanku, jama'a. Mijina ne. Ko aljani yana jin kunyar shirga irin wannan ƙarya."

Kasuwa ta fashe da dariya, har da masu kwanciya a ƙasa. Hamma ya dube shi da idonsa ɗaya, ya ɗaga gora, sai dariya ta ci ƙarfinsa shi ma ya sauke. Ma'u dai ba ta yi dariya ba sai da aka ɗora mata zabirar Liti a ka a madadin ƙwaryarta. Matan da ɗazu suke rufe fuska suka duƙa suna tsintar gutsattsarin madubin, kowa na ƙulle nata a bakin zane.

Ɗanmaliki ya tako, ya tsaya gaban Liti, yana shafa gefen da ba a aske ba.

"Ranka ya daɗe," in ji Liti, yana miƙo hannu, shuɗin ruwa na ɗiga daga yatsunsa, "zauna in ƙarasa maka. Saura kaɗan."

Ɗanmaliki ya dubi hannun. Ya juya, ya ratsa taron zuwa rumfar Sulle, ya zauna a kan buzu.

Sulle ya jiƙa aska, ya ce, "Juyo."